Saura Tanfiz Ranar Lahadi

Hillat Ɗanlami, kusa da Suki
Farkon Yuli, 2024

Zuwa ga ƙanena Alamin,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fata kana lafiya, karatu yana tafiya, kuma tarin nan da na ji a muryarka ya sake ka. In ka tambaye mu, muna nan da rai, alhamdu lillahi. Baba yana gaishe ka. Ƙafarsa ta yi sauƙi tun ranar da muka daina shafa man da kai, mai karatun haɗa magunguna a Tehran, ka ce a saya, muka koma ga man kaɗanyar Nasiba maƙwabciyarmu.

Ka sha yi mani tsiya cewa ni kaɗai na rage a duniya da ke rubuta wasiƙa da biro, ta ɗauki hotonta ta tura. Ka ci gaba da tsiyarka. Ni ban iya zuba wa waya zance kamar ku ba. Kuma shabakar wayarmu yanzu sai an hau gaɓar tur'a, wato babbar hanyar ruwan nan da ka faɗa ciki kana yaro, sannan ake samunta. Hoto yana wucewa kafin ta ɗauke. Saƙon murya kuwa sai mutum ya gasu a rana yana jira.

Na san ka ji labarin Sinja. Mutanen nan masu bindiga sun shiga ranar Asabar. Tsakaninmu da su yanzu kogi ne kawai. Waɗanda suka gudo mana daga Hajj Abdalla da Wad Haddad a ƙarshen bara sun sake ɗaure kayansu, kuma su ne suka fi ba ni tsoro, don ba sa tambayar komai, ba sa gardama, tafiya kawai suke yi. Maigidana Osman ya ɗauki 'yarmu Muhsina da ƙannenta ya kai su Gadarif tun hanya ba ta rufe ba. Ya roƙe ni in bi su, har ya yi fushi. Amma Baba ya ce shi ba zai bar hawasha ba ga ruwan fari ya sauka, iri yana ƙasa. Ka san Baba da gonar nan. Ni kuma ba zan bar tsoho mai ɗingishi shi kaɗai da buhun dawa ba.

Yanzu bari in kawo ƙararka. Ka mayar mana da mahaifi ɗan siyasar Iran. Tun da shugabansu ya rasu a jirgin nan ka fara aiko masa da labarin zaɓe, ba shi da wata hira. Ana maganar ta ina za a gudu, shi yana bayanin cewa ba wanda ya kai rabi a zagayen farko, sai an sake ranar Juma'a tsakanin mutum biyu. Ya zauna a gindin darbejiya da jabanarsa ta gahawa, rediyo a kunne ɗaya, muryarka a ɗaya kunnen. Likitan nan da kake yabo, ka ce masa islahi ne. Baba ya tambaye ni mene ne islahi. Na ce ai ya fi ni sani, islah shi ne abin da ake ta yi mana alkawarin za a yi wa injin ban ruwa tun ina budurwa. Ya yi dariya har da tari, daga nan ya raɗa masa suna Mai Gyara.

Na so in hana shi, sai na fasa. Ya gaya mani cewa tun zaɓen da ya yi kafin a haife ka bai sake jefa ƙuri'a da zuciya ɗaya ba, kuma yana jin daɗi a ce akwai inda mutane ke tsayawa layi ba don burodi ba. Ni dai na san ba zaɓen yake so ba, muryarka yake so. Da farashin albasar Tehran kake karanta masa ma, haka zai riƙa saurare.

Ina jin tsoro, Alamin. Ban gaya wa Osman ba don kada ya dawo, amma kai na gaya maka. Ko akuya ta ture kwano sai gabana ya faɗi. Ka yi mana addu'a. Ka ci abinci, na ga wuyanka a hoton nan kamar na zakaran da aka fige.

Ni ce yayarka mai ƙaunarka,
Rabi'atu

*

Hillat Ɗanlami
Litinin

Ƙanena Alamin,

Sallama da gaisuwa. Ya jikinka, ya jarrabawa? Muna lafiya, Baba lafiya, sai dai hanyar Dindir ta rufe, mun zama kamar kaji a akurki. Sukari ya ƙare a kantin Mukhtar. Baba yana shan jabana da ɗaci, yana cewa haka ta fi lafiya.

Barka da nasarar Mai Gyara, tunda na ga a gidan nan an mayar da shi ɗan dangi. Ranar da ka aiko da labari Baba ya zagaya maƙwabta da sandarsa yana sanarwa, mutane na kallonsa kamar wanda rana ta taɓa. Amma murnar ba ta daɗe ba ya shiga damuwa, wai tunda ya ci me ya hana shi hawa kujera. Ka yi masa bayani cewa akwai majalisar da ta tace masu tsayawa tun farko, ita ce za ta duba zaɓen ta ce ya inganta, sannan babban jagoransu ya sa hannu, sannan rantsuwa, sannan a tantance ministoci. Baba ya ce to ashe shi ma ɗan hawasha ne irinmu: gona taka, gumi naka, amma ba ka buɗe ruwa sai mufattishi, jami'in ban ruwa, ya sa hannu. Tun daga nan yake tausaya masa.

Ga abin da ya sa na hau tur'a yau. Duk wanda ya tsero daga hayin kogi magana ɗaya yake kawowa: waya. A kowane shinge waya suke fara karɓa. Suna duba hotuna, suna duba lambobi, suna kunna saƙonni. Wani ya ce an tsare ɗan'uwansa saboda hoton abokinsa da kaki. Kuma ana ta cewa jiragen nan marasa matuƙi da ake kai musu hari da su daga ƙasar da kake suke zuwa. Ko gaskiya ne ko ƙarya ban sani ba, kuma wanda ke riƙe da bindiga ba zai tsaya bincike ba. Duk ƙauyen nan an san ɗan Malam Audi yana Iran. Da can gorin da ake mani shi ne wai ka canza aƙida. Wallahi yanzu ina kewar wannan gorin.

Na goge komai a wayata, har hotonka na ranar tafiya. Na goge na Baba ma yana barcin rana. Amma saƙonka na shekaranjiya ya shigo bayan na gama, kuma ya hana ni taɓa shi. Ya ce ya bar mani duk sauran, wannan ɗaya nasa ne. Na lallashe shi, na yi faɗa, na yi kuka. Ya ce ɗiyata, ni tsoho ne, wa zai tsaya sauraren wayar tsoho. Safe da yamma yana kunnawa, har na haddace shi kamar karatun allo.

Don Allah kada ka sake aiko da komai ta lambarsa ko tawa. In kana da magana ka tura wa Osman, shi zai san yadda zai yi. Kada ka ji haushina. Na ɓoye rediyon da wayar a cikin tukunyar dawa, amma ka san mahaifinka, hancinsa ya fi na kyanwa.

A gaida abokan zamanka. Allah ya sada mu da alheri.

Yayarka,
Rabi'atu

*

Hillat Ɗanlami
Asabar

Alamin,

Assalamu alaikum. Ina fata kana lafiya. Ka zauna kafin ka karanta, kuma ka karanta har ƙarshe, don akwai abin da za ka yi. Da wayar Nasiba nake turo wannan ta hannun Osman.

Sun kama Baba. Yana da rai, na gan shi da idona yau da safe.

Sun shigo ranar Alhamis. Ba zan ba ka labarin shigowar ba yanzu. Jiya bayan Juma'a Baba ya ce ruwa ya kwanta a ƙasan hawasha, zai je ya buɗe masa hanya kada dawa ta ruɓe. Ina wajen tuya kisra, wainar dawarmu, ban ga ya shiga ɗaki ba. Sai da Nasiba ta shigo ba mayafi sannan na duba tukunya, na ga rediyo yana nan, waya ba ta nan. Sun kafa shinge a gadar tur'a. Suka laluba aljihunsa, suka ga lambar waje, suka kunna.

Ka tuna abin da ka faɗa? Ni na tuna. Ka ce: "Baba, halas, komai ya kammala. Mutuminmu ya ci. Saura tanfiz bas, yom al-ahad, Lahadi ta sama da safe. Babban zai sa hannu. Ka buɗe rediyo, za ka ji labari daga Iran."

Ka sake karantawa, amma da kunnen wanda ba ya jin Hausa. Yadda muke magana, rabi Hausa rabi Larabci, mun saba har ba ma ji. Su kuwa Hausar ta wuce su kamar ruwa, Larabcin kaɗai ya tsaya musu: halas, tanfiz, yom al-ahad, Iran. Na san a can tanfiz shi ne sa hannun da jagora ke yi ya tabbatar da wanda aka zaɓa, ka gaya mana. Amma kai ɗan Suki ne, ka yi makaranta a nan. Ka san abin da tanfiz ke nufi a bakin soja. Da ita ake zartar da hukuncin kisa, da ita ake kai hari.

Sun kulle shi a siton da ake ajiye taki, tare da wasu mutane. Na je. Kada ka tambaye ni da wace ƙafa, ban sani ba. Babbansu yaro ne, bai kai ka ba, ya naɗe fuska da rawani. Na yi masa bayani da Larabcin da ya fi nasa kyau. Na ce zaɓe ne, na ce likita ne ya ci, na ce ƙanena ɗalibi ne, magani yake koya. Ya ce kowa ɗalibi ne in an kama shi. Ya ce ba zai karɓi fassarar 'yar mai laifi ba, ya aika aka kawo Mukhtar mai kanti.

Ban ga laifin Mukhtar ba, kada kai ma ka gani. Bawan Allah ya rantse zai faɗi gaskiya, kuma gaskiyar ya faɗa, kalma bayan kalma. Komai ya kammala. Mutuminmu ya yi nasara. Babban zai sa hannu. Za ku ji a rediyo. Ina tsaye ina jin kowace jimla tana fitowa da Larabci ta fi ta baya muni. Da ƙarya ya yi da ya fi mana. Da aka zo kan kalmar kuwa ba abin fassarawa, tasu ce, sun riga sun ji ta.

Suka fito da Baba. Rawaninsa ba ya kansa, ban taɓa ganin furfurarsa a bainar jama'a ba sai yau. Aka tambaye shi wane ne mutuminku. Ya ce Mai Gyara. Aka tambaye shi wane ne babban. Ya fara ba su misalin mufattishi da buɗe ruwa. Ya Allah, Alamin, yana yi musu bayani a hankali kamar yadda yake yi wa jikokinsa, yana zaton in sun gane za su ji daɗi.

Babban nasu ya ce ba sai an wahala ba, Lahadi gobe ce. Idan wani abu ya faɗo daga sama a kansu, da tsohon za a fara. Na ce rediyo zai wanke shi, za a faɗi labarin gobe a ko'ina. Ya ce in kawo rediyon ya ji tanfiz ɗin da kunnensa.

Duk Hausar da Inna ta shayar da kai, ka rasa kalma sai wannan? Tabbatarwa ta yi maka tsawo? Na rubuta wannan da fushi kuma ba zan goge ba, amma ka sani ba kai na fi jin haushi ba. Ni da na haddace saƙon, na ji shi safe da yamma, ko sau ɗaya kunnena bai tsaya a kan kalmar ba.

Ga abin da za ka yi. Na san suna da tashar talabijin ta Larabci a can. Gobe in an yi bikin, ka nemo guntun labaran inda aka rubuta kalmar a jikin allo, ita kanta, tanfiz, tare da hoton mutumin yana karɓar takarda. Kada muryarka ta shiga, kada fuskarka ta shiga, kada ka ƙara ko harafi ɗaya naka. Ka tura wa Osman, shi ya tura wa Nasiba. Ka yi sauri.

Tun da nake ban taɓa roƙon Allah ya hana jirgin gwamnati tashi ba sai yau. Ka taya ni.

Rabi'atu

*

Hillat Ɗanlami
Talata

Ƙanena,

Sallama. Ina fata ka samu ka runtsa. Osman ya ce kana kiransa ba dare ba rana. Na gode da abin da ka turo, daidai yake da yadda na ce, ba ka yi kuskure ba. Zan gaya maka yadda aka yi ba tare da na rage komai ba, don na san in na rage za ka gane.

Ranar Lahadi da hantsi na ɗauki rediyon Baba na je bakin siton. Na zauna a ƙasa na kunna, masu gadi suka matso. Aka yi labarin Gaza, aka yi labarin Fashir, sannan aka zo kan Iran. Na ƙara murya. Mai labarai ya ce jagoran ƙasar ya yi musadaƙa a kan zaɓen sabon shugaba. Musadaƙa, Alamin, wato amincewa, ba tanfiz ba. Na murɗa wata tasha. Can kuma suka ce tansib, wato naɗi. Na murɗa ta uku, waƙa ake yi. Ashe Larabawa ba sa kiran abin da sunan da mutanen can ke kiransa. Kowa ya ba da labarin, ba wanda ya faɗi kalmar. Babban nasu ya tambaye ni ina tanfiz ɗin. Na ce abu ɗaya ne, ga Iran, ga Lahadi, ga sa hannu. Ya ce shi bai ji ba.

Duk da haka na ga kamar ya ɗan sassauto. Ya bari na miƙa kisra da ruwa ciki. Na ce a raina in rana ta faɗi lafiya shi ke nan. Ban taɓa kallon sama irin na ranar ba. Ko shirwa ta gifta sai in miƙe tsaye ina dubawa.

Wajen la'asar muka ji ƙara daga gabas, siririya, kamar injin niƙa daga nesa. Ban ga komai ba, akwai gajimare. Jirgin bai jefa komai ba, wallahi bai jefa ba, wucewa ya yi. Amma su suka haukace, suna harbin sama, suna gudu, suna zagi. Wani ya hankaɗa ni, rediyon ya faɗi. Suka kore mu daga wurin da gindin bindiga. Ina tafe ina waiwaye na ga mutum uku sun shiga siton. Na ji muryar Baba sau ɗaya, salati ya yi. Daga nan ban sake jin komai ba, Nasiba ta ja ni.

Da yamma aka yi ruwa kamar da bakin ƙwarya, shabaka ta ɗauke. Sai jiya da safe saƙonka ya shigo, bayan mun tsaya a kan tur'a cikin taɓo har gwiwa. Na ruga da wayar. Babban nasu ya karɓa ya kalla. Ga mutumin da farar sumarsa yana karɓar takarda, ga rubutu a ƙasa ɓaro-ɓaro, tanfiz. Ya sake kallo. Sai ya fashe da dariya. Ya kira abokansa su zo su gani, su ma suka yi ta dariya, wani yana kwaikwayon yadda Baba ke cewa mufattishi. Na tsaya ina murmushi tare da su, Allah ya yafe mani, don na zaci dariyar alheri ce.

Da ya gama ya miƙo mani wayar, ya ce ma'alesh ya hajja, wai in yi haƙuri, tsohon ba ya hannunsa. An kwashe na cikin siton da asuba a mota an tsallaka da su Sinja. Ya ce da na zo da wuri. Na tambaye shi wa zan gani a can, ya ɗaga kafaɗa.

Na leƙa siton, ba kowa. Sandarsa na nan a jingine, na ɗauko ta. Ban ga jini da yawa ba. Ina maimaita wa kaina wannan, kai ma ka riƙe shi.

Kada ka ce za ka taho. In ka taho da fasfo mai hatimin can, mutum biyu zan nema maimakon ɗaya. Ni ma ba zan tafi Gadarif ba ko hanya ta buɗe, kada ya dawo ya tarar da ƙofa a rufe.

Allah ya kare ka.

Yayarka,
Rabi'atu

*

Hillat Ɗanlami
Ƙarshen Agusta

Zuwa ga ƙanena abin ƙaunata, Alamin,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa, ya lafiyarka? Osman ya gaya mani ka bar zuwa aji, ka bar cin abinci, kana cewa kai ka kashe mahaifinka. To ka tashi ka wanke fuska ka ci tuwo, ko me suke ci a can. Ba ka kashe kowa ba. Baba ya dawo.

Ka yi haƙuri da shirun da na yi. Ba ni da abin faɗa ne, kullum jiya i yau. Na aika tambaya ta bakin masu kwale-kwale, na aika ta bakin mata masu kai nono, ba wanda ya ga tsoho mai ɗingishi. Na riƙa zuwa hawasha ina cire ciyawa don kada in zauna in haukace. Sai ranar Laraba da ta wuce wani mai karon jaki, wato amalanke, ya tsaya a ƙofarmu, ya ce ko nan ne gidan Audi. Baba yana kwance a bayan karon kan buhunan gawayi. An sako tsofaffin ne kawai, wai sun gaji da ciyar da su, aka zube su a bakin kogi.

Ya rame ƙwarai, ni kaɗai na ɗaga shi. Amma ƙafafunsa da hannayensa lafiya, idonsa lafiya, hankalinsa garau. Na yi masa wanka, na dama masa kunu. Ina ta yi masa surutu ina kuka, ina ba shi labarin dawa, ina ba shi labarinka. Yana kallona yana murmushi. Sai da na koma bayansa na kira shi, na sake kira, na saki kwano a ƙasa, bai waiwayo ba.

Ba ya ji, Alamin. Duka kunnuwan biyu. Waɗanda aka sako tare da shi sun ce a ranar Lahadin nan ne, da tafin hannu suka yi ta dukansa a kunne. Kunnen dama yana fitar da ruwa har yanzu. Kai ne mai karatun magani, ka tambayi malamanka abin da ake ɗigawa, amma ka faɗa mani gaskiya in babu dawowa. Na gyara rediyon na ajiye masa. Ya kara a kunne, ya murɗa, ya girgiza shi, ya ce batir ya mutu. Na ce e da kai. Bayan kwana biyu da kansa ya sa shi a tukunya ya rufe.

Muna magana da rubutu. Ina rubuta masa ajami da gawayi a bayan faranti, yana karantawa. Bai ambaci abin da aka yi masa ba, ko sau ɗaya. Bai ambaci saƙon ba. Ya tambayi jikokinsa, ya tambayi dawa, ya tambaye ka. Na rubuta masa kana lafiya, don haka kada ka mayar da ni maƙaryaciya.

Sai dai akwai abin da ban san yadda zan yi da shi ba. Ka san kurma ba ya jin kansa. Baba da ba ya ɗaga murya ko a kan jaki, yanzu in ya yi magana har gidan Nasiba ana ji. Mutanen nan kuwa suna nan, hanyarsu ta zuwa gada ta bayan zanarmu take. Babban nasu na da an canza shi, wanda ya zo bai ga hoton ba, bai yi dariyar ba, bai san komai ba.

Shekaranjiya da hantsi muna tsakar gida ina tsince wake. Na ji takunsu da hirarsu a bayan zana. A daidai lokacin Baba ya ɗago kai, fuskarsa a sake, ya tambaya da iyakar ƙarfinsa ko an bar Mai Gyara ya buɗe ruwa, ko an yi masa tanfiz ɗin a Iran.

Ban san lokacin da na tashi ba. Na dai ga tafin hannuna a kan bakin mahaifina, na danne da ƙarfi, ɗayan hannun a ƙeyarsa. Ni Rabi'atu, da ban taɓa miƙa masa ruwa a tsaye ba. Takun ya tsaya. Na ji ɗaya ya tambayi ɗan'uwansa me aka ce. Muka zauna a haka, ina jin numfashinsa a yatsuna, har suka ci gaba da tafiya.

Bai ture ni ba. Ya dubi zana, ya dube ni, ya gane. Da na janye hannun ya kama shi ya riƙe, ya gyaɗa kai. Na ɗauko faranti na rubuta masa amsar tambayarsa, cewa an yi, ya yi rantsuwa, har ministocinsa duk majalisa ta amince da su, kamar yadda ka gaya wa Osman. Ya karanta, ya goge da hannun rigarsa.

Tun daga lokacin bai sake buɗe baki ba. In yana son ruwa nuni yake yi. Sallah ma a zuci yake karatu. Na rubuta masa ya yi magana, a hankali kawai. Ya karɓi gawayin ya rubuta cewa bai san yadda a hankali yake ba.

Ka rubuto masa wasiƙa da hannunka, da ajami, manyan baƙaƙe. Ka ba shi labarin abin da ka ci da yadda sanyi yake. Kada ka sa sunan ƙasa, kada ka sa sunan rana. Zan nuna masa sau ɗaya in goge, kuma na san wannan karon ba zai hana ni ba.

Nasiba da Mukhtar suna gaishe ka. Allah ya tsare mana kai, ya nuna mana juna da rai.

Ni ce yayarka,
Rabi'atu Audi